Rob Stewart: Mai kyamarar da ya bi sawun fataken fiffiken kifin shak

Mafi yawanmu da ke hada-hada a kasuwannin kan iyaka ba mu taɓa ganin kifin shak da idonmu ba, wato wanda masu jin Faransanci ke kira requin, sai dai a talabijin ko a wayar hannu. Kifin da muka sani shi ne tarwaɗa da ƙarfasa da giwan ruwa, da kuma bandar da ake lodowa daga tafkin Chadi. To amma akwai wani ciniki da ake yi a kan wannan kifi na teku, wanda duk ɗan kasuwar da ya ji yadda yake tafiya zai gane shi nan take, domin kaya ne maras nauyi, mai tsada, ba ya lalacewa idan ya bushe, ga shi da sauƙin ɓoyewa. Kayan kuwa shi ne fiffiken kifin. Daga cikin waɗanda suka fi tona wa duniya asirin wannan ciniki akwai wani matashi ɗan ƙasar Kanada mai suna Rob Stewart, wanda sana'arsa ita ce ɗaukar hoto a ƙarƙashin ruwa, kuma a bakin wannan aiki ajali ya same shi yana da shekara 37.

An haife shi a birnin Toronto ranar 28 ga Disamba, 1979. Iyayensa masu hali ne, suna da kamfanin da ke buga mujallar labaran finafinai. Yana ɗan shekara 13 ya fara ɗaukar hoto a cikin ruwa, yana da 18 har ya kai matsayin mai koyar da nutso. Ya karanta ilimin halittu a Jami'ar Western Ontario, ya ƙara da karatun dabbobi da halittun ruwa a Kenya da Jamaika. Ya kuma yi shekara huɗu yana babban mai ɗaukar hoto na mujallun wata babbar ƙungiyar kare namun daji ta Kanada. Aiki ne na jin daɗi ga saurayi: a biya maka kuɗin jirgi, ka je ka ɗauko hoton kyawawan halittu, ka dawo a buga.

Wannan aiki ne ya kai shi tsibiran Galapagos, mallakar ƙasar Ikwado, kimanin kilomita 1,000 daga gaɓa a cikin tekun Fasifik. Wuri ne da doka ta keɓe, an hana manyan jiragen kamun kifi shiga. Ya je ne don ya ɗauki hoton wani nau'in shak mai kai kamar guduma, sai ya tarar da igiyar kamun kifi shimfiɗe a ruwan da aka ce an kare, da matattun kifaye rataye a jikinta. Sarkawanmu sun san mamari, wato doguwar igiya mai ƙugiyoyi jere. To irinta ce, sai dai ta teku takan kai kilomita 90 ko fiye, da dubban ƙugiyoyi masu koto, kuma ba ta zaɓe: shak, kunkurun ruwa, tsuntsun teku, duk wanda ya haɗiyi ƙugiya ya tafi ke nan.

Da farko rubutu ya yi ta yi a mujallu yana neman taimakon jama'a, bai ga wani abin kirki ba. Abin da ya fahimta shi ne mutane ba sa tausayin abin da suke tsoro. Tun da fim ɗin nan na Amurka mai suna Jaws ya fito a 1975, Turawa da dama suka ɗauki shak a matsayin dodo mai farautar mutane, alhali mutanen da yake kashewa a duk duniya ba kasafai suke wuce 10 ba a shekara. Sai ya yanke shawarar ajiye aikin mujalla yana da shekara 22, ya ɗauki kyamarar bidiyo, wadda shi da bakinsa ya sha faɗa cewa bai taɓa aiki da ita ba kafin nan.

Kafin mu ci gaba, ya kamata masu karatu su san yadda cinikin yake. A ƙasar Sin da sauran wuraren da Sinawa ke zaune, miyar fiffiken shak abinci ne na alfarma tun ɗaruruwan shekaru, ana kawo ta a bikin aure da walimar manya don a nuna an karrama baƙi. Shi fiffiken kansa ba shi da ɗanɗano, guringuntsi ne kawai. Romon kaza ko na wani nama ne ke ba miyar daɗi. A manyan gidajen abinci kwano guda yakan kai dala 100, wato sama da jaka 50 na sefa. Da tattalin arzikin Sin ya bunƙasa daga shekarun 1980, sai miliyoyin mutanen da a da ba su isa su sha miyar ba suka sami hali, buƙata ta yi sama, birnin Hong Kong ya zama babbar kasuwar da kayan ke haɗuwa daga ko'ina.

Shi kuwa mai jirgi lissafinsa a fili yake. Naman shak a wancan lokaci ba shi da wani farashi, yana saurin wari, yana kuma cinye wuri a ɗakin sanyi. Fukafukan kuwa ba su wuce kashi 5 cikin 100 na nauyin kifin ba, amma a nan kuɗin suke. Don haka sai a jawo kifin, a yanke fukafukan da wuƙa, a tura sauran jikin cikin ruwa, sau da yawa da ransa. Ba ya iya iyo, sai ya nutse ƙasa ya mutu. Ka ƙaddara mahauci ya kama sa ya yanke wutsiya da kunnuwa, ya bar sauran a daji don kada ya cika masa mota. Wani bincike da aka buga a 2006 ya ƙiyasta cewa shak miliyan 26 zuwa 73 ne fukafukansu ke ratsa kasuwa kowace shekara. Matsalar kuma ita ce shak ba ya hayayyafa kamar sauran kifaye masu zuba dubban ƙwai. Wasu nau'o'in sai sun haura shekara 10 kafin su fara haihuwa, kuma 'ya'yan kaɗan ne. Abin da aka kwashe a shekara guda ba ya dawowa a shekara goma.

Stewart bai shiga wannan aiki da kwangilar wani gidan talabijin ba. Da kuɗinsa da na danginsa da abin da ya iya tarawa ya fita. Mu da ke aikin rediyon al'umma mun san abin da hakan ke nufi, ta fuskar daɗi da ta wuya. Babu shugaban da zai kira ka ya ce ka bar wannan labari don kada a ɓata wa wani rai. Haka kuma babu wanda zai aiko maka da lauya idan an kama ka, ko ya biya kuɗin asibiti idan ka kwanta. Manyan kafofin da ke yin finafinan namun daji sun fi son su nuna kyawun halitta, kifi na iyo, kiɗa na tashi a hankali. Su aika ma'aikacinsu ya hau katangar wani attajiri ya ɗauki hoton rumbunsa, wannan ba abin da suke so ba ne. Shi ma kansa da niyyar yin kyakkyawan fim na ƙarƙashin ruwa ya fita, na 'yan watanni. Aikin ya ci masa shekara huɗu da ƙasashe fiye da goma.

Abin da ya sauya akalar fim ɗin ya faru ne a watan Afrilun 2002. Stewart ya shiga jirgin Ocean Warrior na ƙungiyar Sea Shepherd, ƙarƙashin kyaftin Paul Watson, mutumin da ya yi suna wajen tare jiragen masu kamun haram da ƙarfin tsiya. Suna kan hanyarsu ta zuwa Kosta Rika, sai suka ci karo da wani ƙaramin jirgin masunta na ƙasar, mai suna Varadero I, a ruwan Gwatamala. Su Watson suka ce sun same shi yana yankan fukafukai, suka nemi su tisa ƙeyarsa zuwa gaɓa. Aka yi ta feshin ruwa da manyan mesa, har jiragen biyu suka gogi juna. Masuntan kuwa cewa suka yi an nemi a nutsar da su ne. Ba a rasa rai ba, amma da Ocean Warrior ya isa tashar Puntarenas a Kosta Rika, sai reshe ya juye da mujiya: hukuma ta tuhumi Watson da yunƙurin kisan kai, aka tsare jirgin da mutanensa. Wannan shari'a ta daɗe tana bin Watson, har aka kama shi a Jamus a 2012 saboda ita, sai a 2019 kotun Kosta Rika ta yi watsi da tuhumar.

A zaman jiran nan ne Stewart ya yi abin da ya bambanta shi da sauran masu kyamarar ruwa. Ya bar teku ya shiga gari. A lokacin, a Puntarenas akwai tashoshin jiragen ruwa na masu zaman kansu, kewaye da dogayen katangu, inda jiragen da ke da alaƙa da 'yan kasuwar Taiwan ke sauke kaya nesa da idon jami'an kwastan. Ya hau wani wuri mai tudu ya ɗauki hoton rufin gine-ginen, an shanya fukafukai a kai iya ganinka, kamar yadda ake shanya barkono ko kuɓewa a kan soro. Da masu wurin suka hango kyamara, sai aka shiga kwashe kaya ana ɓoyewa, shi kuma ya ranta a na kare. Daga baya jirginsu ya tsinke igiya ya gudu daga tashar, jirgin 'yan sandan ruwa na biye da su, har suka fita daga ruwan ƙasar.

Duk wanda ya san harkar kan iyaka ya san ma'anar wannan hoto. Doka tana nan a rubuce, jami'i yana nan a ofishinsa, amma kaya na sauka ta wata ƙofa da kowa a garin ya sani. Ƙididdigar masana takan tsaya a takarda, hukuma ta ce ba ta da labari. Hoton rufin ɗaki cike da fukafukai kuwa da wuya a musanta shi.

Wahalar ba ta tsaya nan ba. Ana cikin aikin wani ɗan rauni a ƙafarsa ya kamu da ƙwayar cutar nan mai cin naman jiki, aka kwantar da shi asibiti, har likitoci suka yi maganar yanke ƙafar. Ya warke ya koma Kosta Rika a ɓoye ta hanyar mota, ya tarar mutanen ƙasar sun fito zanga-zanga a kan tashoshin.

Fim ɗin, mai suna Sharkwater, an fara nuna shi a bikin finafinai na Toronto a watan Satumbar 2006, ya shiga gidajen sinima a 2007, ya kuma sami lambobin yabo fiye da 30 a ƙasashe daban-daban. Yana buɗewa ne da Stewart durƙushe a ƙasan teku, rungume da shak yana shafa shi kamar ɗan akuya. Wasu masu sharhi sun ce ya cika nuna kansa a fim ɗin, kuma akwai ƙamshin gaskiya a maganar. Sai dai dabara ce da ta yi aiki, domin yaran makaranta da suka ga saurayi kamar yayansu yana wasa da abin da aka ce musu dodo ne, su ne suka riƙa rubuta wa 'yan majalisa wasiƙu.

A nan za mu ɗan ja birki, domin masoyansa kan yi magana kamar shi kaɗai ya yi yaƙin. A Kosta Rika akwai wani masanin halittun ruwa ɗan ƙasar, Randall Arauz, wanda ya shafe shekaru yana kai ƙara kotu a kan tashoshin nan, har ya sami lambar yabo ta Goldman a 2010. A ƙarshen shekarar ce gwamnati ta tilasta wa jiragen waje su riƙa sauke kaya a tashar gwamnati, a 2012 kuma shugabar ƙasa Laura Chinchilla ta sa hannu a dokar da ta ƙara toshe ƙofofin cinikin. A Sin ma, shahararren ɗan wasan ƙwallon kwando Yao Ming ya fara kiran 'yan ƙasarsa su daina shan miyar tun 2006, kuma a 2013 gwamnati ta hana kawo ta a walimar hukuma. Gudummawar Stewart ita ce ya kai maganar gidajen miliyoyin mutanen da ba za su taɓa karanta rahoton masana ba.

Fim ɗinsa na biyu, Revolution, ya fito a 2012. Ya faɗaɗa magana zuwa yadda hayaƙin masana'antu ke sauya ruwan teku yana kashe murjani, da sare dazuzzuka. Bai yi tasirin na farko ba.

Sai ya koma kan shak, saboda ya lura cewa duk da ƙasashe da yawa sun hana yanke fiffike a jefar da jiki, kisan bai ragu ba. Tambayarsa a wannan karo irin ta ɗan kasuwa ce: idan doka ta ce a kawo kifin gaba ɗaya gaɓa, to ina naman yake zuwa? Neman amsar ya kai shi Panama da Kosta Rika da gaɓar Kalifoniya, ya kuma kawo shi Afirka ta Yamma, tsibiran Kabo Verde da ke gaba da Senegal, inda ya ɗauki hoton tarin gawarwakin shak daskararru ana sauke su daga jirgi. Ya sayi kayayyaki a kantunan Amurka ya kai ɗakin gwaji, aka sami alamun shak a cikin abincin karnuka da kyanwoyi da kayan kwalliya, domin ana tatsar wani mai daga hantarsa. Yankinmu ma ba baƙo ba ne a harkar. Shekaru da dama masunta daga Senegal har Gana suna kamun shak, fukafukan su tafi Asiya, naman kuma a sa masa gishiri a busar, Gana ce babbar kasuwarsa.

Ranar 31 ga Janairu, 2017, yana aikin wannan fim a gaɓar Filorida ta Amurka, kusa da garin Islamorada. Suna neman wani kifi ne dangin shak mai dogon baki kamar zarto, wanda ya kusa ƙarewa, a wajen wani tsohon jirgi da ya nutse tun 1926 mai suna Queen of Nassau. Wani abin mamaki, asalin jirgin na gwamnatin Kanada ne, an ƙera shi a 1904 don sintirin kare kamun kifi. Yana kwance a zurfin kimanin mita 70.

Kayan nutso na yau da kullum suna fitar da kumfa duk lokacin da mutum ya yi numfashi, kumfar kuma tana korar kifi. Don haka masu ɗaukar hoto sukan yi amfani da wata na'ura mai juya numfashi: iskar da ka fitar ba ta fita waje, tana bi ta cikin wani sinadari da ke tsotse gurɓatacciyar, na'urar ta ƙara iskar oksijin, ka sake shaƙa. Babu kumfa, babu ƙara, kifi ya zo har gabanka. Haɗarinta shi ne idan oksijin ya yi ƙasa, jiki ba ya ba da wata alama mai ƙarfi, sai dai mutum ya suma kawai. Ga kuma dokar zurfi: wanda ya yi nisa ƙasa dole ya hau a hankali yana tsayawa, kuma ba a son a yi ta maimaita irin wannan nutso a rana guda.

A ranar sun riga sun sauka sau biyu. Suka sake sauka na uku, shi da abokin nutsonsa, don su kwance ƙugiyar da ta riƙe igiyarsu a jikin tsohon jirgin. Da yamma suka fito. Stewart ya ɗaga hannu ya nuna lafiya lau. Abokin nasa ya hau jirgi sai ya yanke jiki ya faɗi, hankalin kowa ya koma kansa. Kafin a juyo da jirgin a ɗauki Stewart, babu shi a saman ruwa. Kwana uku ana nema da jiragen ruwa da na sama, sai ranar 3 ga Fabrairu aka sami gawarsa a ƙasan teku, kimanin mita 90 daga inda aka gan shi na ƙarshe. Likitan da ya binciki gawar ya ce ƙarancin oksijin ne ya sumar da shi, ruwa ya ci shi. Iyayensa sun kai ƙarar kamfanin da ya kai su wurin da wanda ya horar da shi a kan na'urar.

Ya bar hotunan da suka kai sa'o'i 400 da rubutattun bayanai kan yadda yake son fim ɗin ya kasance. Iyayensa, Brian da Sandy Stewart, suka tara abokan aikinsa aka ƙarasa, aka nuna shi a Toronto a watan Satumbar 2018 da sunan Sharkwater Extinction. Su ne kuma suka ci gaba da zirga-zirga a majalisar ƙasarsu. A watan Yunin 2019 Kanada, wadda ita ce ta fi kowace ƙasa shigo da fiffiken shak a wajen nahiyar Asiya, ta haramta shigo da shi da fitar da shi. Amurka ta hana sayar da shi a watan Disambar 2022, Birtaniya ta yi tata dokar a 2023. A Nuwambar 2022 kuma taron yarjejeniyar CITES da aka yi a Panama ya sa gomman nau'o'in shak cikin jerin halittun da ba a fataucinsu tsakanin ƙasashe sai da takardar izini.

To amma shin kifin ya tsira? A watan Janairun 2024 mujallar kimiyya ta Science ta buga wani bincike ƙarƙashin jagorancin Boris Worm na Jami'ar Dalhousie a Kanada, wanda shi ma ya fito a fim ɗin Stewart na farko. Binciken ya nuna cewa tsakanin 2012 da 2019, lokacin da dokokin hana yankan fiffike suka yawaita, adadin shak da ake kashewa a shekara ya tashi ne daga miliyan 76 zuwa miliyan 80, kuma kusan miliyan 25 daga ciki nau'o'i ne da ke fuskantar ƙarewa. Da aka tilasta wa masu jirgi su kawo kifin gaba ɗaya, sai suka nema wa naman kasuwa, suka kuwa samu. Ƙungiyar WWF ta ƙiyasta cewa a waɗannan shekaru cinikin naman shak da danginsa ya kai dala biliyan 2.6, na fukafukai kuma biliyan 1.5.

'Yan kasuwarmu ba za su yi mamakin wannan ba. Mun ga yadda fatar jaki ta yi daraja saboda wani magani da ake haɗawa da ita a Sin, har Nijar ta hana fitar da jakuna a 2016, Tarayyar Afirka kuma ta hana yanka su don fata a watan Fabrairun 2024, kuma kowa ya san sau nawa hanyar kayan ta sauya a tsakanin shekarun nan.

A harkar shak, ɗaya daga cikin manyan masu sayen naman a duniya ita ce Brazil. A can ana sayar da shi da sunan cação, a yanka shi gunduwa-gunduwa babu kai babu fata, ana dafa shi har a makarantu da asibitoci saboda araha da rashin ƙaya, kuma binciken da aka yi a ƙasar ya nuna yawancin masu sayensa ba su san shak suke ci ba.